Almakashin Adamu Halilu: Sharhi A Kan Jinkiri Iri Uku A Fim Ɗin Hausa

Shekarun baya na yi hira da wani dattijo manomin riɗi a wani ƙauye da ke bakin kogin Rahad, ba nisa da Hawata. Kakansa daga ƙasar Haɗeja ya taso a ƙafa da niyyar Makka, tafiya ta ƙare masa a nan. Mun yi minti hamsin muna magana, shirin kuwa minti goma sha biyu ne. Na zauna gaban kwamfuta na cire tari, na cire maimaici, na cire duk inda ya yi shiru, har hirar ta fito sumul. Bayan an watsa, muka haɗu ran kasuwa. Ya riƙe hannuna ya ce, "Ɗana, maganata ce kam, amma ina ka kai shirun da na yi lokacin da na ambaci kakata da ta rasu a Wadai?" Na ce, "Baba, lokaci ne ya yi mana kaɗan." Ya ce, "To ai da ka rage maganar ka bar shirun."

Tun daga ranar nake kallon fim da kunnen mai yanka. A nan Sudan muna kiran aikin muntaj, a Kano su ce editin ko tace fim. Ko me aka kira shi, mai yin sa shi ne ke yanke hukuncin abin da zai rayu da abin da zai faɗi ƙasa, shi da marubucin da ya fara tsara labarin a takarda. Su biyun nan sunayensu kan zo ne a ƙarshen fim, lokacin da kowa ya miƙe yana neman takalminsa. Ina so in yi magana a kan mutum guda da ya haɗa sana'o'in biyu, marigayi Alhaji Adamu Halilu, domin rayuwar aikinsa tana ɗauke da amsar wata tambaya da masu sauraro ke yawan yi mini: me ya sa fim ɗin Hausa ba ya sauri?

An haifi Halilu a 1936 a Garkiɗa, cikin jihar Adamawa ta yanzu, ya rasu a 2001. Rubutun fim da tacewa ya karanta a Landan da birnin Rum. Ya kamata mai karatu ya lura da wannan, domin yawanci a matsayin darakta ake tunawa da shi, alhali horon da ya samu na mutumin cikin ɗaki ne, mai alƙalami da almakashi. Ya yi aikin gwamnati a sashen fina-finai, ya yi fina-finan wayar da kai wajen saba'in, cikinsu har da Mama Learns a Lesson na 1963 da Child Bride na 1971. Irin waɗannan su ne iyayenmu na ƙasar Hausa suka sani da majigi: mota ta zo gari da yamma, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko filin makaranta, a nuna yadda ake noman auduga ko rigakafin cuta, wani yana tsaye da lasifika yana bayani da Hausa. Dattawa har yau suna tuna Baban Larai. Mu ma a Sudan an yi irin wannan sinima mai yawo, kuma a cikinta marigayi Jadallah Jubara ya fara sana'arsa.

Majigi yana da tarihin da ba shi da daɗin ji. Turawan Ingila sun kafa sashen fina-finai na ƙasashen da suke mulka a 1939, suka ɗora William Sellers a kansa, wani jami'in kiwon lafiya da ya daɗe yana nuna fim a Nijeriya. Sellers ya shimfiɗa ƙa'idoji: a bar hoto ya daɗe, kada kyamara ta yi ta yawo, kada a tsallaka daga wuri zuwa wuri ba tare da an nuna hanyar ba, kada a koma baya cikin labari. Dalilinsa shi ne wai ƙwaƙwalwar baƙin mutum da bai yi boko ba ba za ta iya bin yanka mai sauri ba. Mutanen da suke haddace Alƙur'ani izu sittin, suke bin tatsuniya mai rassa uku a dare guda, su aka ce ba za su gane mutum ya fita ɗaki ba sai an nuna shi yana buɗe ƙofa, yana fita, yana rufewa. Wannan shi ne jinkiri na farko, jinkirin raini. A makarantar da wannan ra'ayi ya gina Halilu ya tashi, kuma ko bayan 'yancin kai na 1960 salon bai canza dare ɗaya ba. Ubangida ne ya canza, daga Gwamna zuwa Firimiya, amma fim ya ci gaba da zama malami mai nuni da sanda.

Kafin a yi masa hukunci, sai a san irin aikin da hannunsa ya saba da shi. Tace fim a wancan zamani aikin jiki ne. Zaren fim mai faɗin milimita 35 yana gudu hoto 24 a daƙiƙa guda, wato wajen mita 27 a minti ɗaya. Mai tacewa yana duba kwafin aiki a kan na'ura, ya yi alama da fensirin maiƙo, ya yanke, ya liƙa, ya rataye guntun da ya cire a ƙugiya ko da za a neme shi. Sauti yana zare dabam, sai an daidaita shi da motsin baki. Masu fim na Nijeriya a lokacin sukan tura abin da suka ɗauka Landan a wanke, don haka darakta yakan yi makonni bai ga abin da kyamararsa ta kama ba. Wanda ya yi aiki a haka dole ya tace fim ɗin a kansa tun kafin a kunna kyamara. A nan marubuci da mai tacewa suke zama mutum ɗaya, kuma shekaru da yawa Halilu ya yi yana wannan atisaye a kan gajerun fina-finai kafin babban aiki ya zo masa.

Babban aikin shi ne Shaihu Umar na 1976. Littafin na Abubakar Tafawa Ɓalewa ne, ɗaya daga cikin biyar ɗin da gasar Rupert East ta 1933 ta haifar, tare da Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Idon Matambayi da Jiki Magayi. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay sun mayar da shi wasan kwaikwayo na dandamali, kuma Umaru Ladan ɗin ne ya fito a matsayin Shaihu a fim. Gwamnatin tarayya ce ta ɗauki nauyi, aka nuna shi a bikin FESTAC na 1977 a Legas. Tsawonsa minti 142, da harshen Hausa, mai launi. Idan aka auna da lissafin da na kawo a sama, zarensa ya kusa kilomita huɗu, kuma kowace mahaɗa a cikinsa da hannu aka liƙa ta.

Labarin sananne ne ga duk wanda ya yi Hausa a makaranta. Ɗalibai sun tambayi malaminsu asalinsa, ya ba su labari: maraya ne daga Kagara, mijin uwarsa Makau an yi masa sharri a fada an kore shi, shi kuma aka sace shi yana yaro, ya yi ta sauya hannu har ya faɗa wurin Balarabe Abdulkarim, wanda ya ƙetare hamada da shi, ya riƙe shi kamar ɗa, ya sa shi makaranta har ya zama limami. Sai ya yi mafarki da uwarsa, ya tashi nemanta. Abu na farko da na yaba wa Halilu shi ne ya riƙe wannan gini yadda yake, malami a zaune yana ba da labari, fim yana komawa baya shekaru da yawa. Wato ya ɗauki abin da Sellers ya ce mutanenmu ba za su gane ba, ya ɗora fim ɗin gaba ɗaya a kansa. Bai rubuta maƙala ya ƙaryata Baturen ba, a teburin tacewa ya ba shi amsa.

Fim ɗin ba ya gaggawa, kuma na san matashin da ya saba da bidiyon minti ɗaya a waya zai yi hamma. Amma da na natsu sai na ga jinkirin nan ba irin na majigi ba ne. Majigi yana daɗewa a kan hoto don yana zargin mai kallo da rashin fahimta. Halilu yana daɗewa ne don abin da ke cikin hoton yana da lokacinsa na kansa. Zaman fada yana da tsari, wane ya yi magana kafin wane, kuma sharrin da aka ƙulla wa Makau ba zai yi ɗaci ba sai an ga ladabin da aka naɗe shi a ciki. Ayari a hamada ba a nuna shi cikin daƙiƙa biyar, domin nisan shi ne labarin. Malami ba ya ba ɗalibai labari a tsaye. Wannan shi ne jinkiri na biyu, jinkirin girmamawa, irin wanda dattijon nan na bakin Rahad ya nema a wurina na hana shi. Duk mai aikin rediyo ya san bambancin shirun da ya mutu da shirun da ke ɗauke da kaya, ko da yake ba kullum muke da ƙarfin halin barin na biyun ba.

To amma yabon gwani ya zama dole, faɗin aibinsa ma haka. Inda nake da ja da Halilu shi ne wurin da ya yi wa littafin biyayya. Tafawa Ɓalewa ya rubuta labarin bauta da idon mutumin da ya yarda cewa haƙuri da ilimi suna fitar da bawa daga ƙunci. Umar ya dace da ubangida mai tausayi, ya zama ɗa, ya zama malami, ya koma gida ana zuwa ɗaukar karatu wurinsa. Uwarsa kuwa, wadda ta fita da 'yancinta tana neman ɗanta, yaudararta aka yi aka sayar, ta sha wuya a hannun masu ita, ta gan shi a ƙarshen numfashinta. Ga ni a nawa karatun, nauyin labarin a kanta yake, amma bakin da ke ba da labarin na wanda ya tsira ne. Sauran bayin da ke cikin ayarin, waɗanda babu Abdulkarim a rabonsu, ba su da suna. Mai tacewa yana da ikon da marubucin littafi ba shi da shi: zai iya barin fuskar da ba ta da magana ta daɗe a allo har ta zama tambaya. Fim ɗin ya bar mu da darasin Shaihu, na tawakkali da neman ilimi, darasi mai kyau, amma wanda ya fi sauƙin haɗiya ga gwamnatin da ta biya kuɗin aikin kuma take son abin nunawa ga baƙi a FESTAC. A nan nake jin ƙamshin majigi bai gama fita daga rigar Halilu ba. Wanda ya yi shekaru yana kammala fim da darasi, da wuya ya kammala da tambaya.

Wataƙila zama a Hawata ne ya sa wannan ya fi damuna. Shaihu Umar labarin Bahaushe ne da aka kai gabas ya komo. Mu jikokin waɗanda ba su koma ba ne. Wasu kakanninmu alhazai ne da guzuri ya ƙare musu, wasu sun biyo hijirar da ta biyo bayan yaƙin Burmi na 1903, wadda ta kafa garin Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu, wasu noma ya kawo su Jazira da Gadarif. Mun san abin da ake nufi da mutum ya iya Larabci kamar ɗan gida, ya yi limanci, amma a ci gaba da tambayarsa daga ina ya zo. Idan Bahaushen Kano ya kalli Umar a gidan Abdulkarim yana ganin sa'a. Ni ina ganin yaron da aka karɓa da sharaɗi, ina kuma neman inda kyamara za ta tsaya ta tambaye shi me ya rasa. Wannan ba ya rage darajar fim ɗin a wurina. Aikin da ya isa a yi jayayya da shi bayan kusan shekara hamsin ya riga ya ci jarrabawa.

Bayan Shaihu Umar ya yi Kanta of Kebbi a 1978 da Moment of Truth a 1981. Da aka kafa Hukumar Fina-finai ta Nijeriya da dokar 1979, shi ne ya fara riƙe ta a matsayin babban manaja. Haka muke saka wa gwani: mu ɗauke shi daga teburin da ya iya mu ba shi ofis da fayil. Sai tattalin arziki ya karye a shekarun 1980, zaren fim ya fi ƙarfin aljihun kowa, gidajen sinima suka koma ga fina-finan waje irin na Indiya da na Sin, bidiyo ya shigo. Lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, sabuwar masana'antar ta tashi ne daga ƙungiyoyin wasan kwaikwayo da talabijin da littattafan soyayya, ba ta gaji ɗakin tacewar Halilu ba. Shaihu Umar kansa ya ɓace daga idon jama'a har aka ɗauka ya salwanta. Sai a 2016 aka gano zarensa a ma'ajiyar hukumar da shi Halilun ya shugabanta. Didi Cheeka na Lagos Film Society yana cikin waɗanda suka tsaya a kan lamarin, cibiyar Arsenal ta Balin ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018, shekara goma sha bakwai bayan rasuwar mai shi.

Wannan ɓacewa ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Jadallah Jubara, mai fim ɗin Tajuj, ya gina situdiyonsa a Khartum, aka rushe shi a 2008, shekarar da ya rasu. Cibiyar Arsenal ɗin nan dai ita ce ta taimaki 'yarsa Sara aka mayar da abin da ya rage na fina-finansa zuwa na'ura. Zaren fim idan ya sha zafi da laima yakan fara wari kamar khal, ya lanƙwashe, ya narke, ba ya jiran kowa ya gama taro. Tun da yaƙi ya ɓarke a watan Afrilu na 2023, ginin rediyo da talabijin na Omdurman, inda tarin muryoyi da hotunan ƙasar nan suke, ya zama fagen daga na tsawon watanni. Mai tacewa yakan ɓuya sau biyu: in ya iya aikinsa ba a ganin ɗinkin, in ya mutu kuma a bar zaren ya ruɓe. Abin kunya ne a ce sai an je Jamus kafin jikan Bahaushe ya ga fim ɗin da aka yi da harshensa.

Yanzu sai jinkiri na uku, wanda ya sa na ɗauki alƙalami. A 'yan shekarun nan fim ɗin Hausa ya koma mai dogon zango, a talabijin da YouTube, kuma a nan Hawata ana tura shi daga waya zuwa waya a shagunan caji. Kuɗin talla yana bin yawan mintunan da aka kalla, saboda haka mai tacewa, wanda asalin aikinsa ragewa ne, an mayar da shi mai ƙari. Mota ta shigo, a jira maigadi ya buɗe ƙyaure, a jira ta tsaya, a jira a fito, a gaisa a tsakar gida, a sake gaisawa a falo. Abin da ya faru a makon jiya a maimaita shi da sunan tunani, da kiɗa a ƙarƙashi. Labarin da zai ƙare a kashi goma a ja shi zuwa arba'in. Wannan jinkirin kasuwa ne, kuma abin mamaki ya dawo da ƙa'idar Sellers daidai: a nuna buɗe ƙofa, a nuna fita, a nuna rufewa. Bature ya yi don ya raina hankalinmu, mu muna yi don mu sayar da lokacin mai kallo, wanda ya sayi data da kuɗin cefane.

Ba na ɗora laifin a kan yaran da ke zaune gaban kwamfuta a Kano har asuba. Da yawansu sun fi kowa sanin inda ya kamata a yanke, furodusa ne ke ƙirga mintuna. Kuma inda aka ba marubuci da mai tacewa matsayi, bambanci yakan fito. Daɗin Kowa na tashar Arewa24, wanda marubuta irin su Nazir Adam Salih da Fauziyya D. Sulaiman suka yi wa aiki, ya ci kyauta a gasar AMVCA ta 2016, kuma wani ɓangare na ƙarfinsa daga ƙayyadadden lokacin talabijin ya zo, wanda ke tilasta a zaɓa. Sai dai har yanzu ladan suna na mai fuska ne. Ali Artwork ya yi shekaru yana tace fina-finan Kano, amma sai da ya fito gaban kyamara da barkwancin Madagwal yawancin masu kallo suka san da shi. A Amurka kuwa Thelma Schoonmaker, wadda ke tace wa Martin Scorsese fina-finai, ta karɓi kyautar Oscar sau uku ba tare da ta taɓa buƙatar ba kowa dariya ba.

Abin da nake ganin rayuwar Halilu ta bar wa masu tacewa na yau ma'auni ne mai sauƙi. Duk lokacin da hoto ya daɗe, a tambaya don wa ya daɗe. In don ana zaton mai kallo ba zai gane ba ne, a yanke. In don a cika minti ne, a yanke. In kuwa don abin da ke ciki bai gama faɗin kansa ba ne, a bar shi, ko furodusa zai yi fushi. Mu kuma masu sharhi da masu shirye-shiryen rediyo muna da namu rabon laifin. Na yi shekaru ina gabatar da shiri, na ambaci jarumai ba adadi, amma ban fi sau biyu ko uku na karanta sunan mai tacewa a iska ba. Na ɗauki alkawarin gyarawa, kuma ina roƙon 'yan'uwa marubuta idan za su yi sharhin fim su jira rubutun ƙarshe ya gama wucewa, su kwafi sunan wanda ya rubuta da wanda ya tace, su yaba musu ko su soke su da sunansu.

Dattijon da na ba da labarinsa ya rasu. Asalin hirar tamu tana nan a wata tsohuwar ma'ajiyar kwamfuta da nake ɗauka duk inda na je, minti hamsin cif, da tarinsa da shirunsa. Na auna shirun nan daga baya, daƙiƙa goma sha ɗaya ne. Na sake watsa hirar bayan rasuwarsa, na bar shi a ciki, na gargaɗi injiniya tun da wuri kada ya ɗauka layi ne ya yanke. Allah Ya jiƙansa, Ya jiƙan Alhaji Adamu Halilu da Jadallah Jubara, Ya ba ƙasarmu zaman lafiya.